Fasinjojin Ogiri

Har gobe ban manta da ranar da wata mata ta shigo shagonmu da na'urar gem ƙunshe a cikin zane ba. Damina ce, ruwa ya tsagaita ke nan, ta rungume abin a ƙirji kamar mai kai jariri asibiti. Ku da kuka tarar da ni a teburin gyaran waya kuna ɗauka da sukuddireba a hannu aka haife ni. To ba nan na fara ba. Shekara goma sha wani abu da suka wuce a gidan gem nake aiki, wani dogon shago a bayan kasuwa nan Lafia, kuma abin da zan ba ku labarinsa can ya same ni.

Bari in fara faɗa muku yadda aikin yake, don mafi yawanku ko faifan gem ba ku taɓa riƙewa ba. A sama akwai mai shago, Alhaji Sabo, wanda kakansa ya zo daga Kano da fatauci. A ƙasansa akwai babban yaro, shi ke kwance na'ura ya gyara. Sai masu tsaron layi, waɗanda ke lura da masu buga ƙwallo kada su fasa talabijin in an ci su. Ni a lokacin na kai babban yaro, kuma ƙona faifai ma a wuyana yake.

Faifai na asali, wanda muke kira orijina, yana da tsada kuma ba ya jure hannun mutanenmu. Wanda ya gama cin gyaɗa zai damƙe shi, wani ya ɗora a kan siminti. Saboda haka in Alhaji ya samo orijina a cikin kayan gwanjo, ba ya taɓa shiga na'ura. Aljihun tebur ake kulle shi, muna kiransa uwa. Daga uwa nake ƙona kwafi a kwamfuta, ita ce 'ya, wadda ake bugawa ake sayarwa. In wani shago ya sayi 'ya ya ƙona tasa daga jikinta, ta zama jika. Na'urar kuma ba ta yarda da kwafi sai mun buɗe cikinta mun liƙa mata wani ɗan ƙarfe da ake kira cif. Bayan ƙonawa akwai gwaji: ka sa faifan, ka ga sunan wasa ya fito, ka buga matakin farko, in bai tsaya ba ka rubuta suna da alƙalamin maka ka jera. Haka aka koya mini, haka kowane shago yake yi.

Matar nan sunanta Asabe, daga Akurba ta zo. Ta kwance zanen ta ce, "Sannunku da aiki. Yayana ne ba shi da lafiya, yana kwance. Abokansa na tasha suka kawo mishi wannan abu. Ƙwallo ya gwada, hannun hagu na shi ba ya sauri. Ku ba shi wanda ba a gudu a ciki." Sai ta ƙara da cewa, "Amma abeg, ban da na mota."

Alhaji ya dube ni ya ce, "Tanimu, ɗauko mata na farfesoshin nan da ya ƙi fita. Ka bi ta ka haɗa masa, ka nuna masa yadda ake yi."

Wannan wasa da muke wa laƙabi da na farfesoshi, wasan yaƙi ne amma ba a dambe da sauri a cikinsa. Filin a zane yake gida-gida kamar na dara. Kai ka matsar da mutanenka ɗaya bayan ɗaya, kowa ya yi abin da zai yi, sannan abokan gaba su matsar da nasu. Akwai mai baka, akwai mai mashi, akwai mai garkuwa, akwai mai magani da ba ta iya faɗa amma in babu ita kowa ya halaka. Wanda ke kan tudu ya fi na kwari ƙarfi, wanda ya ba maƙiyi baya ya sha sara biyu. Labarinsa kuwa, an ci garinku da yaƙi, kai za ka kwashi tsirarun da suka tsira ka ratsa ƙasa da su zuwa wani birni a can ƙarshe. Mugun abin da ke ciki shi ne wanda aka kashe ba ya dawowa. Sunansa ma gogewa yake yi daga jerin mutanenka, a ci gaba babu shi. Samarinmu in sun gwada, kafin mataki na uku an share musu rabin runduna, sai su yi tsaki su ce a mayar musu da ƙwallo.

A wani ɗaki can ƙuryar gida na same shi, a kan katifa, an jingina shi da filo. Ƙaton mutum ne, ƙirji kamar ƙofa, ƙafafun kuwa sun tsotse a ƙarƙashin mayafi. Sunansa Ogiri, Alago ne na Keana, direban motar haya. Ya dube ni da jakar kayan aikina ya ce, "Injiniya ya zo." Daga ranar ban sake jin sunana na yanka a bakinsa ba. Ni kuma Oga Direba nake ce masa.

Turancinsa na karanta allon hanya ne kawai, saboda haka na zauna ina fassara masa dokokin. Yana saurare har na kai wurin da na ce wanda ya mutu ya mutu ke nan. Nan ya ɗago kai. Ya ce, "In mutum ya kula, zai iya kai su duka? Ba wanda zai mutu?" Na ce ban taɓa ganin wanda ya yi ba, amma ban ga abin da ya hana ba. Ya ce, "Sunan su fa, ana canjawa?" Na nuna masa inda ake gogewa a rubuta wani. Na sa masa memori, ɗan katin da ke ajiye inda mutum ya tsaya, na koya masa yin sebin bayan kowane yaƙi, na kama hanya. A raina na ba shi mako guda ya gaji.

Bayan kamar wata biyu Asabe ta dawo, wai hannun gem ɗin ya lalace, maɓalli ɗaya ya nutse don dannawa. Na je na gyara. Da aka kunna sai na ga ya wuce inda duk wani gwaninmu ya taɓa kaiwa, kuma rundunarsa cif take, ko mutum ɗaya bai ragu ba. Sunayen Turawan nan duk sun tafi. Mai magani ta koma Talatu, mai garkuwa Audu, mai baka Rifkatu, wani ɗan siriri mai wuƙa da ke zagayawa ta baya kuma Terna. Na yi dariya na ce, "Oga Direba, 'yan unguwa ka kwasa zuwa yaƙi?" Ko kallona bai yi ba. Allon yake wa magana: "Mama Talatu, koma baya. Kai da son gidan gaba! Terna, rufe mata ƙofa."

A bakin ƙofar gida Asabe ta tsayar da ni ta ce kada in sake yi masa wannan zolayar. Sunayen nan na fasinjojinsa ne. Wata ranar kasuwa ya ɗauko su daga Keana, yawancinsu mata masu gishiri da ya saba ɗauka tun yana yaron mota, taya ta fashe ana ruwa kusa da wata gada, motar ta faɗa ƙasa. Shi kaɗai aka zaro da rai. Terna kwandastansa ne, Batibi, shekara da shekaru suna tare. Kowa ya ce ba laifinsa ba ne, har 'yan'uwan mamatan sun zo sun gaishe shi a asibiti. Ta ce, "Amma shi ba ya ji. Ya ce mutum ya shiga mota na ka, sai ka sauke shi."

Na koma shago ina ta juya maganar. Ni da na kai masa abin rage zaman kaɗaici, ashe lodi na kai masa.

Daga nan na riƙa leƙa shi ko babu abin gyara, yawanci ran Juma'a bayan an sauko masallaci. Ban taɓa ganin mutum yana buga gem haka ba. Yakan zuba wa fili ido, shayi ya huce a gefensa, kafin ya matsar da mutum ɗaya taku biyu. Ya san abokan gaba kamar yadda ya san ramukan hanyar Keana. In aka kashe masa mutum, ko da saura maƙiyi ɗaya ya ci yaƙin, ba ya jira. Kashe na'urar yake yi ya faro yaƙin daga farko. Ga kuma wutarmu da kuka sani. Ba a sebin sai an gama yaƙi, saboda haka sau da yawa ya sha wahalar yini guda, saura ƙiris, a ɗauke wuta. Ni da nake kallo nakan ji kamar in yi ashar. Shi sai ya ajiye hannun gem a cinyarsa ya ce, "Go-silo ne. Za a buɗe hanya."

Abin mamaki, jikinsa ya fara kyau. Asabe ta ce ya koma cin abinci, ya yarda ana fito da shi tsakar gida ya sha iska, har yana tsokanar 'ya'yanta. Damina ta wuce, rani ya zo ya wuce, wata daminar ta kama, yana nan yana turawa. Akwai wani yaƙi a cikin kwazazzabo da ya ci masa fiye da wata guda, don duk yadda ya jera su sai kibiya ta sami Talatu. Ranar da ya wuce shi sai da ya sa aka kira ni a waya don kawai ya faɗa mini.

Bayan Babbar Sallah ya aiko mini da saƙo: "A gaya wa Injiniya ya zo ya ga saukan fasinja." Na roƙi Alhaji ya ba ni rabin yini. Na same shi an yi masa aski, ya sa farar riga da tsohuwar hularsa ta tuƙi, Asabe ta yi shinkafa, har an aro ƙaramin janareto a maƙwabta don kada wuta ta ci amana. Ya ci yaƙin gada, wanda daga shi sai na ƙarshe, ya yi sebin, kuma mutanensa duk suna nan. Abin da ya rage a buɗe ƙofar birni, a yi yaƙin ƙarshe a bakinta, a shiga.

Ya ce bismillah ya danna. Hoto ya fito kamar fim, ga mutanensa sun jeru a gaban wata ƙatuwar ƙofa, ƙofar ta fara buɗewa, haske yana fitowa ta tsakiya. Sai kiɗan ya fara in'ina. Na'urar ta yi ƙarar nan da na tsana, ƙit, ƙit, ƙit, ta idonta da ke neman abin karantawa a faifai ya rasa. Hoton ya sandare, ƙofa rabi a buɗe. Abin da muke kira hukin ke nan.

Na ce, "Ƙura ce, Oga Direba, yanzu za a gyara." Na goge faifan da gefen rigata, aka sake. Daidai wurin ya tsaya. Na kwance na'urar a gabansa na wanke idon da auduga da sifirit, aka sake. Daidai wurin, ƙofar ko ɗan yatsa ba ta ƙara ba. Shinkafar Asabe ta huce ba wanda ya taɓa ta. Ya cire hular ya ajiye a kan filo ya ce, "Ba komai. Mota ne ya tsaya. Injiniya yana nan."

Washegari na bi ƙa'idar aiki daki-daki. Na kawo wata na'urar daga shago, ta tsaya a wurin. Na ce to 'yar ce ta tsufa, na karɓi makulli wurin Alhaji na fito da uwa don in ƙona sabuwa a hankali. Kwamfuta ta yi ta tafiya lafiya, sai da ta kusa ƙarshe ta tsaya ta ce akwai wurin da ta kasa karantawa, in fasa ko in tsallake. Wannan tambaya duk mai ƙona faifai ya san ta, kuma duk amsa ɗaya muke ba ta. Tsallakewa ake yi, a gwada farkon, in ya tashi shi ke nan. Ranar ce na fara tsayawa na tambayi kaina me ke cikin wurin da ake tsallakewa. Na ɗaga uwar a hasken taga. Can bakin gefe akwai wani ƙarce siriri da ya bi zagayen faifan, irin wanda ya fi kowanne muni. Faifai daga tsakiya yake fara karatu ya ƙare a gefe, wato ƙarshen wasan ne ƙarcen ya cinye. Da tabonta ta zo daga gwanjo, wataƙila shi ya sa ma mai ita na can ƙasar ya yar da ita.

Na goga mata man goge baki, na goga na goge ƙarfe, duk dabarun da muke yi. Ƙarcen ya yi zurfi. Na hau babur na zaga shagunan gem na garin nan ɗaya bayan ɗaya. Duk inda na sami wasan, in na tambayi asalinsa sai a ce, "Ai wajen Alhajinku muka saya." Na aika Akwanga, nasu jikar tamu ce. Na aika Doma, haka. Abin da ya ci Doma ba ya barin Awe, in ji masu magana, ni kuwa a kan faifai na ga gaskiyarsu. Duk kwafin da ke yankin nan tsatson uwa ɗaya ne, kuma duk sun gaji makantarta.

Na gaya wa Alhaji. Ya riƙe haɓa ya ce, "Shekara nawa muna sayar da abin nan, wa ya taɓa dawo da shi?"

Na ce, "Alhaji, ba wanda ya taɓa kaiwa wurin ne."

Ya ce, "To ka kai masa na dambe mana, ko na harbi. Kyauta."

Na ba shi labarin sunayen. Alhaji ba mugu ba ne, ɗan kasuwa ne kawai. Ya yi salati, sannan ya ce in shirya in tafi Jos wurin wani abokin cinikinsa da ke da uwaye da yawa.

A Jos na sami wasan, orijina mai sheƙi, ko ɗigon tabo babu. Na tsaya a kan mutumin ya ƙona mini, kwamfuta ta kai ƙarshe ba ta yi tambaya ba. Na dawo Lafia ina jin kaina kamar wanda ya ɗauko likita daga waje, ko gida ban biya ba na zarce Akurba. Ogiri ya sa aka miƙo masa hularsa.

Wasan ya tashi. Na shiga inda ake ɗauko sebin, sai allo ya ce babu komai a memori. Ban taɓa ganin fuskar mutum ta canza haka ba. Ya yunƙura kamar zai miƙe, mutumin da ƙafarsa ba ta motsi, ya ce, "Ina suke? Injiniya, ina ka kai su?" Da sauri na cire faifan Jos na mayar da tsohon. Ga su nan, Talatu, Audu, Rifkatu, Terna, da sauran duka. Ya sauke numfashi, hawaye na bin gefen hancinsa bai share ba.

Sai da na duba lambobin da ke jikin faifan biyu na gane. Masu wasan iri biyu suka buga, ɗaya don kasuwar Amurka, ɗaya don ta Turai. Hoto ɗaya, labari ɗaya, amma sebin ɗin wannan wancan ba ya ganinsa. Tamu mai tabo 'yar Amurka ce, ta Jos 'yar Turai. Na yi masa bayani yadda zan iya, na ce mafita ɗaya ce, ya faro daga farko a sabon faifai, tunda yanzu ya san hanya ba zai daɗe kamar da ba.

Ya ce, "A tasha, in mota ya lalace a hanya, ana kawo wani mota a yi juye. Fasinja ya sauka a nan ya shiga can da kayan shi. Ku ba ku da juye?"

Na ce ba mu da shi.

Ya ce, "To in na rubuta sunan su a sabon, waɗannan fa? Na bar su a titi ke nan na je na yi sabon lodi?" Ya girgiza kai. "Ni ban taɓa yi ba. Nemo mini mota da zai ɗauke su."

Na nema, Allah ya sani na nema. Na yi wa masu zuwa Legas da Onica magana, duk wanda aka kawo na Turai ne, don gwanjonmu yawanci daga can yake zuwa. Na je kafe, wurin da ake biya a shiga intanet a wancan zamani, na sami wani mai wayo ya ce za a iya sauko da shi. Abin yana tafiya kamar hawainiya, a kai rabi wuta ta ɗauke ko layi ya yanke, a koma farko. Wanda ya taɓa kammaluwa, da na ƙona, shi ma na Turai ne. Ogiri kuwa kullum sai ya kunna tsohon faifan, ya ɗauko sebin, ya danna, ya kalli ƙofar ta buɗe rabi ta tsaya. Asabe ta ce har ta tsani jin ƙarar nan ta ƙit, ƙit. Ta taɓa ɓoye faifan, ya ƙi cin abinci har ta fito da shi.

Ba zan ce faifai ne ya kwantar da shi ba, don mai irin ciwonsa dama da gyambon kwanciya yake fama, kuma nasa ya riga ya fara. Amma na ga mutum yana da abin da ke tashinsa da safe, na kuma ga ranar da abin ya ƙare. Ya daina tsokana, ya daina yarda a fito da shi tsakar gida. Ni ma na rage zuwa, don duk sallamar da na yi hannuna yake fara kallo, kuma kullum hannun nan wayam.

Kusan ƙarshen rani Asabe ta zo shago ta ce dattawansu sun ce a mayar da shi gida Keana a gwada na gargajiya, gobe za a tafi. Na je. Ya rame har hular ta yi masa yawa. Ya zare memorin da kansa ya damƙa mini a tafin hannu ya rufe da nasa. Ya ce, "Injiniya, can ba wuta sosai. Riƙe su. In mota ya samu, ka ƙarasa da su. Amma kar ka zubar da kowa. Mama Talatu ka sa shi a tsakiya, yana da tsoro." Na ce in sha Allahu zai dawo ya ƙarasa da hannunsa. Ya yi murmushi irin na wanda ya san ana lallashinsa. Kafin ruwan farko ya sauka Asabe ta kira ni ta ce ya rasu.

Sana'ar ma ba ta daɗe ba ta bi shi. Faifai ya mutu, aka koma zuba wasanni a cikin na'ura kai tsaye, daga baya waya ta cinye komai. Alhaji ya mayar da shagon na kayan waya, uwayen da muke kullewa kamar zinariya aka zuba su a buhu. Ni na koma abin da kuka tarar da ni ina yi. Amma na ajiye na'ura ɗaya da memorin nan.

Shekarun baya kaɗan, wata rana da rana babu aiki, abin ya faɗo mini na bincika a waya. Ga shi nan, na Amurka, lafiyayye. Kafin in gama cin doyar da na saya ya gama sauka. Abin da na yi wata da watanni ina nema har Jos. Na zauna na kasa ƙarasa doyar. Na zuba shi a na'urar da na ajiye, na sa memorin, na kunna. Sunayen suka fito. Na danna, kiɗa ya wuce wurin da yake in'ina, ƙofar ta buɗe gaba ɗaya, abin da Ogiri bai taɓa gani ba. Daga bayanta runduna ta fito, ta fi duk wadda aka taɓa gamuwa da ita.

Na jera su yadda na ga yana yi, Talatu a tsakiya. Zagaye na uku aka kashe Audu. Na kashe na'urar. Na sake, aka kashe Rifkatu. Na sake, Terna. Na yi ta gwadawa tsawon wannan damina, ban taɓa kaiwa rabin yaƙin da su duka ba. Ni injiniya ne, ban iya tuƙi ba. Na kira gwanayen garin nan, irinku masu cewa babu wasan da ya gagare ku. Wani da ya fi kowa ya zauna ya yi nazari ya ce, "Oga, wannan ai izi ne, ba wuya. A tura tsohuwar nan gaba su taru a kanta, mu zagaya ta baya mu gama da su. Mutum ɗaya kawai za a rasa." Na karɓe hannun gem ɗin na ce ya tashi. Ya fita yana cewa tsufa ya fara taɓa ni, kuma ban ga laifinsa ba.

Shi ya sa kuke ganin in kun gyara waya kun kunna ta kawo haske kun ce an gama, nake fitina. Nakan ce a kira da ita, a yi caji, a ɗau hoto, a bar ta ta yi zafi a gani. Kuna cewa ina ɓata lokaci. Abin da gidan gem ya koya mini shi ne mu masu gyara farkon abu muke gwadawa, don yawancin mutane a farkon suke tsayawa, ba kuma za su taɓa kama mu ba. Wanda aikinmu na tsallake yake kayarwa shi ne wanda ya ɗauki abin da gaske ya bi shi har gefe. A duk yankin nan mutum ɗaya ne ya yi wa wasan nan haka, kuma shi ne ya fi kowa buƙatar ya ga ƙarshensa.

Memorin yana cikin aljihun teburin nan da kuke tambayata me ya sa nake kullewa. Wani lokaci in kun tafi sallah nakan haɗa in kunna, in ga ko katin yana da rai, don shi ma yana tsufa, wata rana zai ƙi tashi. Ba na ƙara dannawa. Ina karanta sunayen ne kawai daga sama har ƙasa in tabbatar kowa yana nan, sannan in kashe. Lokacin da direbansu ke da rai mun kasa ba shi hanya. Yanzu ƙofa tana buɗewa har ƙarshe, su kuma suna tsaye a bakinta da kayansu, ba mai shigar da su.